Ƙoƙon Kunkuru da Allon Kafaɗa

A da, idan na dawo daga tafiya, kafin in gama kwance kaya an fara sallama a ƙofa. Lokacin muna unguwar Jarwal a Makka, a wani lungu da mota ba ta shiga, gidaje sun jingina da juna har rana ba ta taɓa ƙasa sai da tsakar rana. Bayan la'asar a shimfiɗa tabarma a ƙofar shagona, a ɗora buta a wuta, kowa ya gyara zama. Mutumin da ya je Istanbul ko Bombay ya dawo, labarinsa kan ishi unguwa har a ga sabon wata. Yanzu lungun babu shi. Inda shagona yake, nan motocin wani otal suke juyawa, mu kuma mun watse, wasu Kudai, wasu Utaibiyya, wasu can bayan duwatsu. Labarin ƙasashe ma ya yi araha. Jikokina, idan na fara ba su labarin Sin, sai su nuna mini hoton wurin a waya kafin in kai ƙarshen zance. Da Larabci suke tambaya, da Larabci nake amsawa.

Iyayena Kanawa ne. Ta Sudan suka biyo da ni ina goye, don haka na tashi a Makka da takardata a hannu. Sana'ata tsarabar alhazai: darduma, carbi, hula, 'yan kwalaben turare. Neman kayan nan ya kai ni ƙasashe da dama, ya bar mini guntayen harsuna a baki. Larabci na gida ne, Turkanci da Urdu na ciniki, Faransanci na gaisuwa da neman hanya, Sinanci kuwa na iya daidai wanda zai hana a cuce ni a masana'anta. Tun ina saurayi ina da wata ɗabi'a: duk abin da na gani a wata ƙasa sai na ajiye shi kusa da irinsa na wata ƙasar, in tsaya ina kallonsu. Na daɗe ina ɗaukar wannan ɗabi'a a matsayin hankali.

Cikin masu zaman tabarmar Jarwal mutum ɗaya ya rage mini. Badamagare ne, ya girme ni da kaɗan. Umra ya zo da ƙarfinsa, da niyyar ya ɗan yi aiki ya samu abin gina ɗaki ya koma, sai shekaru suka yi ta bin juna. Ba shi da iƙama, wato takardar zama, don haka duniyarsa ba ta wuce inda zai je ba tare da ya bi ta shingen bincike ba. Ya tura tsofaffin alhazai a keke, ya yi dako a tashar Kudai, lokacin Hajji kuma yana cikin masu fiɗa da shanya naman hadaya. A gida ya bar mata da 'ya mace tana rarrafe. Matar ba ta nemi saki ba, shi bai ƙara aure ba. 'Yar ta girma, ta yi aure, ta haihu, duk yana ji daga nesa.

Bakano da Badamagare abokan wasa ne, mu kuwa ba mu bar wasan ya kwanta ba ko na yini ɗaya. Idan na shigo ɗakinsa sai ya ce, "Bakano, an dawo daga yawon banza?" In ce, "An dawo, an kawo maka labari, tunda kai ko Ɗa'if ba ka sani ba." Shi kaɗai nake yin Hausa da shi irin wadda ake dariya a cikinta. Hajiya, matata, a nan aka haife ta, iyayenta ta Chadi suka zo. Hausarta rabi Larabci ce, kuma ta fi fito da ita idan ranta ya ɓaci.

Wata shekara na je Sin sayen darduma, na tarar masana'antar ta tafi hutu. Mai ita Musulmi ne ɗan ƙasar, dattijo mai son baƙo. Ya ce maimakon in zauna a otal ina kallon rufi, in bi shi garinsu. A can, kusa da wani gari da ake kira Anyang, ya kai ni gidan adana kayan tarihi. A bakin ƙofa ya riƙe hannuna ya ce, "Abin da za ka gani aikin jahiliyyarmu ne. Yi istigfari, sannan ka buɗe ido."

Ƙoƙon kunkuru ne jere cikin akwatunan gilashi. Ba na bayan ba, na ƙasan, mai faɗin nan da kunkuru ke jan ciki a kansa. Manoma ne suka riƙa tono su a gona, kuma an daɗe ana daka su ana sayarwa a matsayin magani kafin a lura akwai rubutu a jikinsu. Sarakunan wurin, sama da shekara dubu uku da suka wuce, da su suke duba. A kankare ƙoƙon ya yi sumul, a fafe 'yan ramuka a bayansa, a ɗauko tsinke mai wuta a danna cikin rami, zafi ya sa ɗaya fuskar ta tsage. Wani lokaci da allon kafaɗar bijimi suke yi a maimakon kunkurun, aikin ɗaya ne.

Ba duban ne ya kama ni ba. Na ga duba iri-iri, na kuma nemi tsarin Allah daga gare shi: bugun ƙasa a Kano, mata masu watsa wuri a Omdurman, masu karanta gindin kofin gahawa a Istanbul. Kalmomin ne suka kama ni. Mutanen nan sun raba aikin gaɓa-gaɓa, kowace gaɓa da sunanta, yadda mahauci yake da suna ga kowane yanki na nama. Tsagar kanta sunanta "bu", harafin da suke rubuta ta da shi ma hotonta ne, sanda a tsaye da ɗan reshe a gefe. Siffar da tsagar ta ɗauka, ko reshen ya yi sama ko ya sunkuya, ita ce "jau". Maganar da ake faɗa wa ƙoƙon kafin a sa wuta "jen" ce, kuma akwai mutumin da aikinsa ke nan a fada. Sannan sarki ya duba tsagar ya ce alheri ne ko akasin haka. Daga baya a dawo a sassaƙa abin da ya auku a jikin ƙoƙon, wannan kuma "yen".

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne yadda mai jen yake aikinsa. Ba tambaya yake yi ba, faɗa yake yi, sau biyu. A dama da layin tsakiyar ƙoƙon ya ce za a yi ruwa. A hagu ya ce ba za a yi ruwa ba. Ciwon haƙorin sarki, kakansa ne ya sa masa; ba kakansa ba ne. Matar sarki za ta sauka lafiya; ba za ta sauka lafiya ba. Ya ajiye maganganun biyu kusa da juna, ya ja da baya. Nasa ya ƙare. Na ga tsarin ya yi mini kyau ƙwarai, har na sayi kwaikwayon ƙoƙon, na roba, a shagon bakin ƙofa.

Da na dawo, ɗakin Badamagare na fara kai shi. Ɗaki ɗaya ne a saman wani tsohon gida a Utaibiyya, da ɗan fili a rufin inda yake dafa shayi. Ya karɓi robar ya jujjuya.

"Wannan kuma fa? Kanawa sun fara cin kunkuru?"

"Roba ce, jahili. Zauna ka sha ilimi."

Na zayyana masa komai, tun daga kankara har sassaƙa. Yana maimaita kalmomin yana lalata su da gangan. "Bu. Jau. Wannan ai haushin karnuka ne." Can sai ya ɗaga hannu. "Tsaya tukuna. Shi mai jen ɗin nan, idan ƙashin ya tsage, shi ke cewa ga abin da za a yi?"

"A'a, sarki ne."

"Shi fa?"

"Shi ya faɗi ta dama, ya faɗi ta hagu."

"Shi ke nan? A ba shi tuwo?"

"A ba shi tuwo."

Ya ajiye kofi ya dube ni daga sama har ƙasa. "La ilaha illallahu. Ashe kakanka ne! Wallahi Sinawa sun san da zuwanka. Tunda nake da kai ban taɓa jin ka ce e ko a'a ba. Ko shayi aka ce da sukari ko babu, sai ka ce a Turkiyya kaza, a Indiya kaza."

Na yi dariya har da tari. Ya ce to idan sarki ya karanta ba daidai ba, su rubuta hakan? Na ce ni dai ban ga wurin ba. Ya ce ashe su ma suna son wuyansu. Daga ranar ya ƙara mini suna, mai jen. Robar kuwa Hajiya ta ce ba za ta kwana mata a falo ba, sai na jefa ta cikin kwalin samfurin kaya a shago.

Bayan wani lokaci bikin dangi ya kai ni Kano, sai Badamagare ya roƙe ni in tsallaka Damagaram in kai wa matarsa saƙo: ruwan Zamzam, dabino, darduma mai laushi, da man zafi. Ya ce tana fama da ƙafa, amma da sauƙi.

Mu ba ma faɗin ciwo. Mara lafiya ko da ƙyar yake jan numfashi, ka ce masa ya jiki, zai ce da sauƙi. Masu jinya su ce da sauƙi. Na ga Baturke yana lissafa wa baƙo ciwonsa tun daga kai har tafin ƙafa, na ga Bamisire yana kuka a waya a tsakiyar kasuwa. Mu kunya da tawakkali sun hana mu. Waya mai hoto ma ba ta gyara komai ba. Idan Badamagare ya kira gida, 'yar takan tayar da uwar ta jingina ta da bango, ta gyara mata mayafi, ta riƙe wayar daidai fuska. Fuskar ta kumbura, shi kuma yana ganin ƙiba ce. Har alfahari ya taɓa yi mini, wai matan Damagaram ba sa tsufa.

Na tarar da matar a kan tabarma a rumfa. Ƙafafunta sun kumbura har fatar na ƙyalli, ba ta iya tashi sai an kama ta. Mun gaisa, ta yi ta sa albarka. Da na fito, 'yar ta biyo ni zaure, ta rage murya ta ce lokotoro, wato likita, ya duba ta, ya ce ƙoda ce, duka biyun, abin da ya rage sai addu'a. Na ce ta gaya wa babanta? Ta sunkuyar da kai ta ce, "Da wane baki, Baba?"

Da na koma yin sallama, tsohuwar ta sa aka ba ni ƙullin kuka da daddawa in kai masa. Ba ta ambaci sunansa ba. Ta ce, "Alhaji, mutumin naku yana cin abinci kuwa?" Na ce yana ci. Ta shiga murza bakin dardumar da na kawo. Can ta ce, "To. Kai dai ka gani da idonka." Iyakar abin da ta ce ke nan, kuma na fahimce ta sarai. Mace irinta ba za ta buɗe baki ta ce a ce masa ya zo ba. Ni ta ɗora wa.

Na dawo Makka na tarar ba a maganar komai sai muhla. Hukuma ta ba marasa takarda wa'adi: duk wanda ya fito da kansa zai tafi gida ba tara, ba ɗauri, kuma ba za a rufe masa ƙofar dawowa ba idan ya samu biza ta halal. Wanda ya bari wa'adin ya wuce aka kama shi, sai gidan tarhil inda ake tara waɗanda za a kora, a ɗauki hoton yatsunsa, ya yi sallama da ƙasar. A Utaibiyya da Kudai mutane na ta rabar da katifu da tukwane. Ga Badamagare ma'anar abin a fili take: hanya ce ta buɗe da zai je ya ga matarsa da mutuncinsa. Amma ya san tsoho irinsa, idan ya fita, samun bizar dawowa sai wani ikon Allah. Shi kuma ya riga ya sa a ransa a Harami za a yi masa salla, a ƙasar nan za a rufe shi. Da yawa cikin tsofaffinmu wannan fatan ne kaɗai abin da suka tara.

Na kai masa ƙullin. Ya kwance, ya sunsuni daddawar, ya rufe ido.

"Ya ka same ta?"

"Alhamdu lillahi. Tana gaishe ka."

"Jikin fa?"

"Akwai jiki. Ƙafar ta kumbura. Amma tana magana, tana cin abinci, hankalinta garau."

Babu ƙarya ko ɗaya a ciki. Na zaɓi kalmomin ne yadda nake zaɓen carbi, in ware mai tabo in sa a ƙasan kwali.

"To me ka gani? In tafi?"

Na gyara zama. Na ce idan ya tafi, zai ga iyalinsa, ya ɗauki jikokinsa, ba wanda zai sake tare shi a hanya ya ce ina takarda. Idan kuma ya zauna, ga Harami, ga sana'arsa, ga mutanen da ya saba da su, can kuwa sa'o'insa duk sun ƙare. Na kawo masa labarin wani da ya koma Agadas ya kasa zama, da wani da ya koma Katsina ya murmure har ya ƙara aure.

"Mai jen," in ji shi. Ya yi murmushi, amma bai kai dariya ba.

Hajiya na riga na gaya mata komai tun ranar da na sauka. Da na shigo gida ta tare ni a ƙofar kicin, ludayi a hannu.

"Ka gaya masa ƙoda ce?"

"Na gaya masa akwai jiki."

"Akwai jiki! Haram alaik, ya rajil. Kowa akwai jiki. Ni ma akwai jiki."

"Ba na so in ɗauki alhakin raba mutum da Makka. Idan ya tafi ta warke fa? Rai a hannun Allah yake."

"Rai a hannun Allah yake, labari kuma a hannunka. Ka dai ce ba ka so ka rasa abokin shayi, halas, shi ke nan."

Na yi fushi na fita masallaci tun ba a kira salla ba. Fushin kuwa don ta faɗi daidai ne. A hanyar dawowa daga Damagaram, tun ina cikin mota, na riga na hango la'asar ɗin da babu shi: in rufe shago in rasa inda zan nufa, in koma gida in zauna cikin jikoki kamar baƙon da ake girmamawa. Ban taɓa cewa a raina kada ya tafi ba. Na dai riƙa samun dalilai. Na ce 'yarsa ce ya kamata ta faɗa. Na ce ba a yi wa mai rai shelar mutuwa. Na ce gobe. Sau da yawa na hau matakalar nan da maganar a bakina, in tarar yana cikin raha ya tare ni da tsiya, in rama, shayi ya ƙare, in sauko da ita.

Hajji ya zo, aka ƙara wa'adin muhlar, shi ya tafi aikin nama, ni kuma shago ya cika da alhazai. Sai da baƙi suka fara raguwa ya aiko in zo.

Na same shi a rufin, bayan la'asar. Igiyoyi sun cika da yankakken nama yana bushewa, ƙuda na ta kai-kawo, kaskon gawayi na ci a gefe. Bai tare ni da tsiya ba. Ya jawo wani buhu ya zaro allon kafaɗar rago, an kankare shi fari tas. Ya juya mini bayansa. Ya fafe 'yan ramuka da tsinin wuƙa, layi biyu, a tsare, aikin mai haƙuri. Sai a lokacin na lura da doguwar ƙusa cikin garwashi, bakinta ya yi ja.

"Kunkuru ya gagara," in ji shi, "amma ka ce kafaɗa ma tana yi. Dama, in tafi. Hagu, kada in tafi. Kai ka iya bakinsu. Yi mana jen ɗin."

Na nemi wasa a fuskarsa ban samu ba. Na waiga rufin maƙwabta, don a garin nan ba a wasa da irin wannan, balle ga mutumin da ba shi da takarda a gan shi da ƙashi da wuta. Sannan bakina ya buɗe.

"A'uzu billahi! A Makka? Kai da ka ƙarar da ƙarfinka kana tura bayin Allah ɗawafi, za ka ƙare da tambayar ƙashin rago? Labari na ba ka, ban ce ka yi ba!"

Na yi wa'azi mai kyau a ranar. Na ce gaibu Allah kaɗai ya san shi. Na tuna masa abin da ke kan mai zuwa wurin boka. Na ce su waɗancan ba su da littafi ne, mu kuwa an ba mu istihara. Duk abin da na faɗa gaskiya ne, kuma ina jin daɗin faɗarsa, don wannan karon na samu magana mai gefe ɗaya wadda ba za ta ci ni komai ba.

Ya saurare ni har na gaji. Ya sa tsumma ya zaro ƙusar ya jefa cikin gwangwanin ruwa, ta yi cuu.

"Ka gama, Liman?"

"Na gama."

"Na san haramun ne. Tun kana tsotson yatsa na sani. Na yi istihara har na rasa abin da zan ƙara faɗa wa Ubangiji. Na kira yarinyar, ta ce da sauƙi. Na kira uwar, ta ce da sauƙi. Mutum ɗaya ne ya je ya gani da idonsa, shi kuma na tambaye shi ya ba ni labarin Agadas da Katsina. Shi ne na ce bari in tambayi wannan." Ya ɗaga ƙashin. "Shi ko ba komai, idan ya ji wuta zai tsage ta gefe ɗaya."

Ya zuba mini ido yana jira na. Ban taɓa samun ƙofa a buɗe kamar wannan ba, kuma akwai sauran lokaci a wa'adin. Maganar gajeriya ce: ƙoda ce, tashi ka tafi. Amma yanzu wani abu ya ƙaru a kan na da. Idan na faɗa, zai tambaye ni yaushe na sani, in ce tun ranar da na kawo masa daddawa. Na dubi naman da ke kan igiya, na dubi hannunsa da wuƙa ta yi wa tabo. Na ji kaina ina cewa, "Ka ƙara istihara. Allah zai zaɓa maka mafi alheri."

Ya daɗe yana kallona. Sannan ya ce, "Amin." Ya jefa ƙashin cikin buhun shara, ya ɗauraye kofi, ya zuba mini shayi.

Bai tafi ba. Daga baya na ji ya gaya wa wani maƙwabcinsa cewa da abin ya yi tsanani da Bakano ya faɗa, don Bakano duk surutunsa ba ya ɓoye masa komai. Wa'adin ya cika, shingayen bincike suka dawo fiye da da. Ba a daɗe ba, wata safiya ina buɗe shago, maƙwabcin nan ya kira ni ya ce an yi rasuwa a Damagaram.

A ɗakinsa aka yi zaman gaisuwa. Ɗakin ba ya ɗaukar mutane, sai aka shimfiɗa tabarmi a rufin, masu dako da masu tura keke suna hawowa biyu-biyu, uku-uku, su yi addu'a su sauka. Hajiya ta dafa shinkafa ta aiko, ba ta ce mini komai ba, kuma da ta yi faɗa da ya fi mini sauƙi. Na zauna kusa da shi ina amsa gaisuwa tare da shi kamar ɗan'uwa. Duk wanda ya ce Allah ya ba da haƙuri, sai ya haɗa da ni.

Da mutane suka ragu kafin magariba, muka rage mu biyu. Yana riƙe da wayarsa a cinya. Bai dube ni ba ya ce, "Yarinyar ta ce ta gaya maka. A zaure."

"Ta gaya mini."

Ya gyaɗa kai a hankali. Na buɗe baki, ban ma san ta inda zan fara ba, sai ya ɗaga hannu.

"Bari, Alhaji. An kusa kiran salla."

Na nemi gafararsa daga baya, ba sau ɗaya ba. Ya ce ya yafe, ya ce kwananta ne ya ƙare, ko ya je ba zai ƙara mata ba. Na yarda ya yafe ɗin, don ba mutum ne mai faɗin abin da ba ya nufi ba. Amma da ya je, da ta gan shi, shi ma ya gan ta, ya riƙe hannunta, ya bi gawarta. Wannan ba kwana ba ne, abu ne da yake hannuna.

Yana nan a Utaibiyya har yanzu. Gwiwa ta fara gaza masa, ya bar dako, yana sayar da asuwaki a bakin wani masallaci. Ina zuwa wurinsa, yana tashi ya ba ni wuri, ya tambayi Hajiya da yara ɗaya bayan ɗaya, in tambayi 'yarsa da jikoki, ya ce suna lafiya. Matarsa ta rasu bai gan ta ba, kuma tun daga ranar bai sake tsokanata ba, bai kuma sake neman shawarata a kan komai ba.